Waƙar zakin nan tana da mai ita

Filin Tambaya da Amsa kan Kiɗa da Waƙa

Wasiƙu da dama a wannan wata kan waƙa ɗaya suka faɗo, shi ya sa na tattara su wuri guda.

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Yarana sun cika mini gida da wata waƙa ta cikin fim ɗin katun The Lion King, wadda ake cewa zaki ya yi barci, ana ta amsa "wimowe, wimowe". Ni dai na san na ji ta a rediyo tun ina yaro, kafin a yi fim ɗin. Wani abokin aikina ya ce waƙar gargajiya ce ta Afirka, ba ta da mai ita, Turawa suka tsince ta. Ina gaskiyar take? Daga wani magidanci, Kaduna.

AMSA: Wa alaikumus salam. Kunnenka bai yaudare ka ba, Malam. Fim ɗin a 1994 ya fito, waƙar ta girme shi da shekara 55. Shi kuwa abokin aikin naka rabin gaskiya ya faɗa, kuma rabin da ya bari shi ne ya kai mutane kotu. Daga Afirka take, amma ba tsintuwa ba ce. An san wanda ya yi ta, an san garin, an san shekarar.

Sunansa Solomon Linda, ɗan ƙabilar Zulu, an haife shi a 1909 a yankin Msinga na lardin Natal, Afirka ta Kudu. Ya tashi cikin makiyaya, a 1931 ya bi sahun samarin ƙauye zuwa Johannesburg neman abin kai wa bakin salati. Ya yi aiki a shagon kayan katako, ya yi a otal ɗin Carlton. Daren ƙarshen mako kuwa na waƙa ne. Ƙungiyarsa Evening Birds, maza shida, sukan ci ado da kwat da malafa da takalma masu launi biyu, su shiga gasa a gidajen kwanan leburori. Muryoyi ne zalla: uku suna riƙe ƙasa da kakkaurar murya, biyu a tsakiya, shi Linda, ga shi dogo zanƙalele, yana can sama da siririyar murya.

A 1939 Griffiths Motsieloa, mai nemo wa kamfanin faifai na Gallo mawaƙa, ya kai su ɗakin ɗaukar sauti, aka haɗa su da masu fiyano da jita da banjo. A lokacin kai tsaye ake yanka sauti a kan faifai, babu gyara, babu yanke nan a liƙa can. In an yi kuskure sai a koma farko. Waƙar da suka kawo sunanta "Mbube", wato zaki. Sau uku suka ɗauke ta. A na ukun, dab da ƙarshe, Linda ya buɗe baki ya zubo wani ɗan gajeren kari wanda ba a shirya shi ba, ya maimaita, faifai ya ƙare. Wannan ɗan karin na 'yan daƙiƙoƙi shi ne abin da yaranka ke rerawa yau.

A Ingila aka buga faifan, irin na garmaho mai juyi 78. Kafin ƙarshen shekarun 1940 an sayar da kimanin 100,000, a ƙasar da yawancin masu sauraron leburori ne. Har salon waƙar gaba ɗaya ya koma ana kiran sa mbube.

Tsallakarta teku kusan da katari ne. An aika wa kamfanin Decca na Amurka da tarin faifan Afirka ta Kudu ko za su yi kasuwa, ba wanda ya kula su, sai Alan Lomax, masanin waƙoƙin gargajiya, ya kwashe su ya kai wa abokinsa Pete Seeger. Seeger ba ya jin Zulu. Inda 'yan amshi ke cewa "uyimbube", ma'ana kai zaki ne, kunnensa ya ji "wimoweh", haka ya rubuta, haka kuma ta zauna har yau. Ƙungiyarsa The Weavers ta ɗauke ta da wannan suna tare da makaɗan Gordon Jenkins, a farkon 1952 ta shiga sahun faifan da aka fi saya a Amurka.

To, ga inda maganar abokinka ta samo asali. Sunan mawallafi da aka buga a faifan Weavers shi ne Paul Campbell, kuma babu wani mahaluki mai wannan suna. Sunan aro ne da ake sa wa waƙoƙin da aka ɗauka na gargajiya ne, don a yi rajistar sabon tsarinsu a karɓi kuɗin haƙƙi. Waƙar da aka ce ba ta da mai ita, wanda ya riga kai ta ofis shi ke cin kuɗinta. Ka ga kalmar "gargajiya" a nan ba yabo ba ce, ƙofa ce.

Weavers ba su daɗe suna cin moriyarta ba. Zamanin farautar 'yan gurguzu ne a Amurka, aka zarge su, gidajen rediyo suka juya musu baya, Decca ta sallame su. Sai a ƙarshen 1955 suka sake haɗuwa a zauren Carnegie na New York, aka naɗi wasan, ya fito a faifai. Daga wannan faifan ne wasu samarin Brooklyn masu suna The Tokens suka koyi waƙar.

A 1961 samarin suka kai ta kamfanin RCA. Masu kula da ɗaukar, Hugo Peretti da Luigi Creatore, suka ce waƙa ba baiti ba za ta sayu ba, suka kira George David Weiss ya sa mata kalmomin Turanci. Weiss ba ƙaramin marubuci ba ne, da hannunsa a "Can't Help Falling in Love" ta Elvis Presley. Abin da ya yi, a faɗi gaskiya, basira ce: ya ɗauko ɗan karin nan na Linda daga ƙarshen waƙa ya mai da shi kan gaba, ya ɗora masa baiti, "wimoweh" ta koma amshi. Jay Siegel ya ja waƙar da siririyar murya, aka ɗauko wata mawaƙiyar opera, Anita Darian, ta riƙa shawagi a samansa. Su Tokens kunyar waƙar ma suka ji, aka jefa ta a bayan faifan wata waƙa mai suna "Tina". Masu gabatar da shiri a rediyo suka juya faifan. A Disamba 1961 "The Lion Sleeps Tonight" ta hau lamba ɗaya a Amurka, ta yi mako uku a can. Sunan Linda bai fito a jikinta ba.

Wani abu da ke ba ni dariya: Weiss ya kwantar da zakinsa a cikin kurmi. Duk wanda ya san daji ya san zaki ba dabbar kurmi ba ce, a fili mai ciyawa yake farauta. Makiyayin Msinga ba zai yi wannan kuskure ba.

TAMBAYA: Barka da aiki Malam. Mu a nan da Faransanci muka san waƙar, kuma a tamu zakin mutuwa ya yi, ba barci ba. Wace ce ta riga wata? Daga wani malamin makaranta, Damagaram.

AMSA: Barka kadai, Malam. Ta Turanci ta riga, da 'yan watanni kawai. Henri Salvador, mawaƙin Faransa haifaffen Cayenne, shi ya fitar da "Le lion est mort ce soir" a 1962, a kan tsarin Tokens. Bayan shekara talatin, a 1992, wasu mutum huɗu masu suna Pow Wow suka sake ta da baki zalla, ba kayan kiɗa, ta sake tashe a Faransa. Mai yiwuwa tasu ce ta fi zama a kunnen 'yan zamaninku. Abin sha'awa, da suka ajiye kayan kiɗa sai suka matso kusa da yadda Evening Birds ke waƙa a gasa, ko sun sani ko ba su sani ba.

TAMBAYA: Malam, na ji an ce mai waƙar ya mutu cikin talauci alhali Turawa sun tara miliyoyi da ita. Shin haka ne, kuma iyalansa sun samu wani abu daga baya? Daga wata ɗaliba mai karatun lauya, Zariya.

AMSA: Haka ne, 'yata, kuma tunda lauya kike karantawa, ki gyara zama, wannan shari'ar ta cancanci a koyar da ita a aji.

Abin da aka ruwaito an ba Linda a hannu shi ne sule goma, haƙƙin waƙar ya koma na kamfani. Baƙin mawaƙi a Afirka ta Kudu ta wancan zamani ba a lissafa masa kaso a kan kowane faifai. A biya shi ladan rana, a sallame shi. Daga baya Gallo ta ba shi aiki, na shara da jera faifai a kwali. A 1959 ya yanke jiki ya faɗi a kan dandamali, aka gano ciwon ƙoda. Ya rasu a Oktoba 1962, ƙasa da shekara guda bayan waƙarsa ta hau lamba ɗaya a Amurka, da abin da bai wuce kimanin dala 25 ba a asusunsa. Sai bayan shekara 18 iyalinsa suka iya sa wa kabarinsa dutsen shaida. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Kada a haɗa kowa a kwando ɗaya. Pete Seeger, da ya san akwai mai waƙar, ya aika masa dala 1,000, ya kuma ce ya umarci kamfanin da ke riƙe da waƙar ya riƙa tura wa Linda nasa kason. Amma "Wimoweh" ba ita ce mai tsoka ba. Babban kuɗin yana cikin ta Turanci, ita kuwa a farkon shekarun 1990, bayan 'yan kasuwar New York sun yi rigima a kanta tsakaninsu, ta faɗa hannun Abilene Music, kamfanin su Weiss. Daga wurinsu Disney, mai fim ɗin The Lion King, ta karɓi izinin sa ta a fim, sannan a wasan dandamali.

Wanda ya tono maganar ɗan jarida ne, Rian Malan, Bature ɗan Afirka ta Kudu. A 2000 ya rubuta dogon rahoto a mujallar Rolling Stone, ya bi sawun waƙar daga Johannesburg zuwa New York, ya ƙiyasta ta tara kimanin dala miliyan 15, alhali 'ya'yan Linda mata suna Soweto cikin ƙunci. François Verster ya biyo da fim ɗin bincike, A Lion's Trail, a 2002. Ƙasa ta ɗauka.

Yanzu ga naki. Ta yaya za a ƙwato haƙƙin da mai shi ya sayar da hannunsa? Lauya Owen Dean ya koma wa tsohuwar dokar haƙƙin mallaka ta daular Birtaniya ta 1911, wadda ita ke aiki a Afirka ta Kudu lokacin da aka yi cinikin. A cikinta akwai wani sharaɗi da aka kusa mantawa: duk haƙƙin da mawallafi ya sayar yana raye, bayan shekara 25 da rasuwarsa yakan koma ga magadansa. Linda ya rasu 1962, ke nan tun 1987 haƙƙin "Mbube" a Afirka ta Kudu na magada ne, kuma duk wanda ya yi amfani da ita ko da abin da aka ciro daga cikinta bayan nan ba da izininsu ba, ya taka doka. Wannan doka ta 1911, af, ita muka yi amfani da ita a Nijeriya har zuwa 1970.

Saura matsala guda: Disney a Amurka take, kotun Afirka ta Kudu ba ta da hannu a kanta. Sai Dean ya nemi kotu ta riƙe tamburan kasuwancin kamfanin da ke da rajista a ƙasar, sama da 200, har da Mickey Mouse da Donald Duck, a matsayin jingina. Kotu ta amince. A 2004 aka shigar da ƙara ana neman rand miliyan 10. Disney ta ce ita da izini ta yi amfani da waƙar, a nemi wanda ya ba ta izinin. A Fabrairu 2006, ana dab da fara sauraro, Abilene Music ta yi sulhu: za a biya kuɗin baya, za a riƙa biyan kaso nan gaba ta wani asusun amana, kuma za a rubuta sunan Linda cikin mawallafan waƙar. Ba a bayyana adadin ba.

Saboda sulhu aka yi, alƙali bai yanke hukunci kan asalin maganar ba, ki lura da wannan. Kuma ba a rabu ana dariya ba. Fim ɗin Netflix na 2019, The Lion's Share, ya nuna 'ya'yan suna ƙorafin abin da ya iso hannunsu bai kai yadda suka zata ba, masu kula da asusun kuma suna kare kansu. Yarjejeniyar biyan ta ƙare a ƙarshen 2017. Da Disney ta sake yin fim ɗin a 2019, waƙar tana ciki.

TAMBAYA: Yaya, ni mawaƙi ne mai tasowa. Ina son in sake wata tsohuwar waƙar Hausa da kiɗan zamani. Abokaina sun ce tunda mai ita ya rasu, kuma ni da muryata zan yi, ba ruwana da kowa. Daga wani matashi, Kano.

AMSA: Ƙanena, abokan nan naka ba su za su tsaya maka a kotu ba. Abu biyu ne a kowace waƙa, kuma mutane na cakuɗa su. Akwai waƙar kanta, wato kari da baiti, wannan na wanda ya ƙirƙira ne. Akwai kuma naɗin, wato sautin da aka ɗauka a rana kaza, wannan yawanci na wanda ya ɗauki nauyin ɗaukar ne. In ka sake rerawa da muryarka ka kauce wa na biyu, amma na farko yana wuyanka. Tokens ma da muryarsu suka yi.

Dokar haƙƙin mallaka ta Nijeriya ta 2022 ta ba wa waƙa kariya har shekara 70 bayan rasuwar mai ita, naɗin sauti kuma shekara 50. Ɗauki Alhaji Mamman Shata, wanda ya rasu a 1999, ka yi lissafi da kanka. Muna kiran irin waƙoƙinsu na gargajiya saboda kalangu da salon, amma kowa ya san bakin da suka fito. Ka nemi magada, ku yi magana, a rubuta a takarda: nawa ne, kaso ne ko biya ɗaya, sunan wa zai fito. Hukumar Kula da Haƙƙin Mallaka ta Nijeriya na da ofisoshi, tambaya ba ta da tsada. Kuma ranar da wani ya zo sayen taka waƙar, ka bambance masa ko aro kake ba shi na wani lokaci ko sayarwa ce ta har abada.

TAMBAYA: Malam, mawaƙa nawa ne suka yi waƙar nan, kuma ta wa ta fi daɗi a wurinka? Daga wata mai sauraro, Kumasi.

AMSA: Hajiya, sun fi gaban a jera a wannan shafi. Yma Sumac ta Peru ta yi "Wimoweh" tun 1952, Kingston Trio suka yi a 1959, Karl Denver ɗan Sikotland ya kai ta sahun biyar na farko a Birtaniya a 1962 da wata irin guɗa mai tsinka kunne. Robert John ya sake ta Turanci ta kai lamba uku a Amurka a 1972. Kusan duk bayan shekara goma sai wani ya tashi zakin nan ya ci kasuwa da shi.

Tunda ra'ayina kika tambaya, ba zan yi kwana-kwana ba. Ta Tokens gwaninta ce ta ɗakin ɗaukar sauti, ba na raina ta, amma alawa ce, sau biyu ta ishe ni. Ta Weavers an cika mata ƙaho da algaitun Turawa har muryoyin suna neman hanya. Wadda nake komawa gare ta ita ce ta Miriam Makeba a faifanta na 1960, domin ta mayar wa waƙar da sunanta da harshenta a daidai lokacin da Amurka ke kiran ta da sunan kuskure. Sai ta Ladysmith Black Mambazo, wadda ke buɗe fim ɗin Coming to America na 1988. Su 'yan gida ne, salon isicathamiya da suke yi daga zuriyar mbube ya fito, sai dai nasu a tausashe yake, na su Linda kuwa da ƙarfi ake buga shi.

Amma ki nemi ta 1939 ɗin, tana intanet. Za ki ji ƙarar allura, za ki ji kamar an faro waƙar ba a gama shiri ba, muryoyin ƙasa suna tafiya da nauyi, Linda yana kai-komo a samansu yana neman mafita. Kada ki kashe kafin minti biyu ya wuce, karin da kika sani yana gaba.

Wadda ba na so kuwa ita ce ta Tight Fit, wadda ta yi mako uku a lamba ɗaya a Birtaniya a 1982, ana rawa da fatar damisa cikin ganyen roba. Kyakkyawan saurayin da ke motsa baki a talabijin ma ba muryarsa ba ce a faifan. Wani mawaƙin haya ne, Roy Ward, ya rera.

Masu tambaya kan faifan garmaho da yadda ake adana su, ku yi haƙuri sai fitowa ta gaba.